Malamar da ta mai da magudanar ruwa makaranta

A arewacin birnin Los Anjeles na ƙasar Amurka, cikin kwarin San Fernando, akwai wata ƙatuwar magudanar ruwa da ake kira Tujunga Wash. Da can rafi ce. Bayan ambaliyar 1938, wadda ta ci rayuka sama da 100, injiniyoyin sojan Amurka suka bi kogin birnin da rafukan da ke zuba cikinsa, suka daɓe su da kankare ƙasa da gefe, don ruwan sama ya riƙa wucewa teku da gudu, kada ya sake shiga gidajen mutane. A jikin bango guda na wannan magudana akwai zane mai tsawon ƙafa 2,754, wato kusan mita 840, tsayinsa kuma ƙafa 13. Mutanen gari suna ce masa Babban Bangon Los Anjeles. Mace ce ta jagoranci yin sa, Judith Francisca Baca, wadda aka fi sani da Judy Baca, sai dai ba ita kaɗai ta riƙe buroshi ba. Matasa fiye da 400 ne suka yi aikin tare da ita tsakanin 1976 da 1983, kuma biyansu aka yi, kaso mai tsoka na kuɗin daga aljihun hukuma ya fito.

Irin wannan aiki, a duk inda aka yi shi, tambaya ɗaya yake jawowa: a garin da ke cike da marasa aikin yi, ga makarantu na neman gyara, ga marasa lafiya ba kuɗin magani, me ya kai gwamnati ga sayen fenti? Tambaya ce ta gaskiya, ba na raina mai yin ta. Amma ni dai ina da yaƙinin kuɗin da aka kashe a kan wannan bango sun yi rana, kuma kyan zanen shi ne ƙarami cikin dalilaina. Hukuma ado ta nema wa wani mummunan bango. Baca ta karɓi aikin adon, ta kafa makaranta da shi, mai malamai da darasi da albashi. Sai an bi rayuwarta za a ga yadda malamar zane ta kai ga wannan tunani.

An haife ta ranar 20 ga Satumba, 1946, a Los Anjeles, iyayenta 'yan asalin Meziko ne. Ta fara tasowa a unguwar Watts, a gidan da mata ne zalla: mahaifiyarta da ke aiki a masana'antar taya, da 'yan'uwan mahaifiyar, da kakarta Francisca mai maganin gargajiya, wadda ita ke riƙe da ita in uwar ta tafi aiki. Sifaniyanci ake yi a gidan. Tana da shekara 6 mahaifiyarta ta yi aure, suka koma Pacoima, aka sa ta a makarantar da aka hana yara yin Sifaniyanci, ita kuwa Turancinta bai taka kara ya karya ba. Sai malamar ajin ta riƙa barin ta a gefe tana shafe-shafen fenti, sauran yara suna karatu. Duk wanda ya yi firamare a lokacin da ake cin tarar yaro in ya kuskura ya yi Hausa a aji ya san irin shirun da wannan yarinya ta yi.

Ta gama digiri a fannin zane a 1969, a jami'ar jihar Kalifoniya da ke Northridge. Ta sha ba da labarin abin da ya dame ta a lokacin: in ta yi zane aka rataye shi a ɗakunan baje koli, wa zai je ya gani? Danginta ba su taɓa taka irin waɗannan wurare ba, maƙwabta ma haka. Ta koma sakandaren da ta yi, wata makarantar Katolika mai suna Bishop Alemany, ta zama malamar zane. Ba ta daɗe ba aka sallame ta tare da wasu malamai saboda sun shiga zanga-zangar adawa da yaƙin Biyetnam. Daga nan ta sami aiki a sashen wuraren shaƙatawa na hukumar birni, aka tura ta koyar da zane a filayen unguwar Boyle Heights, gabashin gari, inda 'yan asalin Meziko suka fi yawa.

A can ta tarar kowane fili da 'yan dabar da ke riƙe da shi, kowane bango kuma an cika shi da sunayensu da alamominsu, don a san iyakar kowa. A wajen hukuma wannan ƙazanta ce kawai da za a goge. Ita kuwa ta lura yaran nan tuni suke magana da bango, sai dai magana ɗaya suke ta maimaitawa: nan namu ne, kada ka shigo. A bazarar 1970 ta tara matasa 20 daga daba huɗu masu gaba da juna, ƙungiyar ta ci suna Las Vistas Nuevas, suka hau rumfar makaɗa ta filin Hollenbeck suka zana wata tsohuwa da ta buɗe hannuwa kamar za ta rungumi mai zuwa. Sunan zanen Mi Abuelita, wato Kakata. Sai da aka ajiye masu tsaro da za su yi fito in sun hango wata daba ko 'yan sanda, don su ma 'yan sandan ba su ji daɗin ganin abokan gaba a wuri guda ba. A wannan bazarar ce kuma, ranar 29 ga Agusta, wani babban gangamin 'yan asalin Meziko kan yaƙin Biyetnam ya rikiɗe a gabashin birnin, har ɗan jarida Ruben Salazar ya rasa ransa a hannun jami'in tsaro. Cikin wannan zafi aka yi zanen.

Zaɓen kaka ɗin nan yana burge ni matuƙa, don aikin malami ne tsantsa. Da ta ce a zana tutar wata unguwa, ko gwarzon wani ɓangare, da an tashi baram-baram. Ta nemo abin da babu ɗan dabar da ba shi da shi, kuma babu wanda zai yarda a zage shi a gabansa. Yaron da ya zana fuskar tsohuwa da hannunsa ba zai dawo da dare ya watsa mata fenti ba, kuma zai yi wuya ya bar ƙanensa ya yi.

Aikin ya karɓu, har a 1974 birnin ya kafa shirin zanen bango na gari baki ɗaya, Baca ke jagoranta, aka yi ɗaruruwan zane a unguwanni. Nan kuma wata matsala ta taso, wadda duk mai karɓar kuɗin hukuma ya san ta. Mutanen unguwa suna son a zana rayuwarsu yadda take, har da cin zalin 'yan sanda, jami'ai kuma suna son furanni da fuskoki masu murmushi, suna barazanar janye kuɗi. Shi ya sa a 1976 ita da mai zane Christina Schlesinger da mai shirya fim Donna Deitch suka kafa cibiya mai zaman kanta da ake kira SPARC, a wani tsohon ofishin 'yan sanda mai ɗakunan tsare mutane a unguwar Venice. Ta ci gaba da karɓar kuɗin hukuma, amma ta sama wa aikin gidan kansa, inda jami'i ba zai shigo ya ce a goge wannan a bar wancan ba. Ina ganin duk mai son yin irin wannan aiki ya fara da wannan darasi kafin ya sayi gwangwanin fenti ko ɗaya.

Rundunar injiniyoyin soja ce da kanta ta neme ta a 1974, tana son a ƙawata gefen magudanar. Aka fara fenti a bazarar 1976 da matasa 80, waɗanda hukumar kula da yara masu laifi ta turo, da masu zane 10 da masana tarihi 5. A wannan karon kaɗai suka yi ƙafa 1,000, daga zamanin namun dajin da suka ƙare a doron ƙasa, zuwa 'yan asalin yankin irin su Chumash, zuwa isowar Sifaniyawa, har farkon ƙarni na 20. Kowane mai zane ya yi nasa ɓangaren da nasa salon, sai abin ya fito guntu-guntu. Baca ba ta gamsu ba. A 1977 ta tafi Cuernavaca a Meziko, ta shiga makarantar da ke koyar da dabarun David Alfaro Siqueiros, ɗaya daga cikin manyan masu zanen bangon ƙasar, ta koyo yadda ake tsara zane don mai tafiya a gefensa, yadda siffofi za su riƙa motsi da idonsa yana takawa. Wanda ya dubi sassan da aka yi daga baya zai ga bambanci: labari yana zuba cikin labari, hannun wani a wannan zamani ya miƙe ya zama hanya a zamani na gaba. A 1980 aka zana shekarun 1930, a 1981 na 1940, a 1983 na 1950.

Yadda ake aikin shi ne zuciyar maganata. Tun kafin bazara ake zama da masana tarihi da dattawan da suka ga abin da idonsu, a tattara labarai, a yi gardama kan wanne zai shiga. Sai a zana a takarda, a mai da shi taswira mai ma'auni. Sannan a sauka cikin magudana, a wanke kankaren, a shafa farin fenti na share fage, a ja layuka a raba bangon gida-gida, kowane gida a takarda yana da takwaransa a bango. Yaron da ya tsani lissafi a aji, a nan dole ya auna, ya ninka, ya raba, in ba haka ba hancin mutum ya fito a inda kunne ya kamata, kuma kowa zai gani. Bayan an fitar da siffofi a shafa launi guda a ƙasa don haske da inuwa su zauna, sannan a bi da sauran launuka, a rufe da abin kariya daga rana. Duk wannan a cikin ramin siminti, da zafin bazarar kwarin San Fernando, a kan matakalan ƙarfe da ake turawa. An taɓa yin ruwan da ya taho babu sallama ya kwashe kayan aikinsu, sai da jama'a suka yi karo-karo aka ci gaba.

A tsakiyar aikin kuma ana zaman darasi. Yaro baƙar fata da ɗan asalin Meziko da ɗan asalin Asiya da farar fata suna zaune wuri ɗaya ana gaya musu abin da za su zana, kuma sau da yawa tarihin wani ne ake ba wani ya zana. A nan ne nake ganin hikimar ta fi fitowa. Mutum yana iya jin labarin wahalar wasu ya manta kafin ya kai gida. Amma wanda ya kwashe makonni yana gyara idon wata mata da aka kora daga gidanta, yana neman launin da ya dace da fatarta, ya daɗe da ita fiye da yadda zai daɗe da kowane shafi na littafi.

Abubuwan da ke jikin bangon kuwa ba irin waɗanda birni ke so a tuna masa ba ne. Akwai kisan da gungun mutane suka yi wa Sinawa kusan 20 a Los Anjeles a 1871. Akwai korar ɗaruruwan dubban 'yan asalin Meziko a shekarun 1930, lokacin karayar tattalin arziki, alhali da yawansu a Amurka aka haife su. Akwai jirgin ruwan St. Louis da ya ɗauko Yahudawa masu gudun Hitila a 1939 aka hana shi sauke su a Amurka. Akwai tsare 'yan asalin Japan kimanin 120,000 a sansanoni daga 1942, ciki har da Manzanar da ke Kalifoniya. Akwai tarzomar 1943, lokacin da sojojin ruwa suka riƙa bin samarin 'yan asalin Meziko a titi suna duka suna tuɓe musu kaya. Akwai unguwar Chavez Ravine da aka tashi mutanenta, daga baya aka gina filin wasan ƙungiyar Dodgers a wurin, aka buɗe shi a 1962. A zanen, filin yana saukowa daga sama kamar jirgin wata duniya, manyan tituna kuma sun nannaɗe wani iyali sun raba su biyu. Baca ta sha kwatanta bangon da zanen jiki da aka yi a kan tabon da ya rage a inda kogi ya taɓa gudana.

Masu suka suna cewa wannan tarihi ne na ɓangare ɗaya, na koke zalla. Ban yarda gaba ɗaya ba. Ga Biddy Mason a bangon, baiwar da ta sami 'yancinta a kotun Los Anjeles a 1856, ta yi aikin ungozoma, ta sayi filaye, ta zama mai taimakon mabukata. Ga likita Charles Drew, baƙar fata, wanda ya yi fice wajen dabarun adana jini. Bangon ya ƙare da zakarun wasannin Olamfik. Ban da haka, ɗaya ɓangaren na tarihi bai taɓa rasa wurin zama ba: yana cikin littattafan makaranta, da gumakan dandali, da sunayen tituna. Sai dai akwai gaskiya a cikin sukar da ba zan kauce mata ba. Wanda ke zaɓen abin da zai hau bango yana da iko babba, kuma duk yawan shawarar da aka yi, a ƙarshe ita Baca ce ke tsara yadda labarin zai tafi. Wata malamar da ta zaɓi wasu abubuwan dabam. Maganin wannan a ganina shi ne a yawaita bangaye da masu zana su. Hana wannan ɗin ba zai ƙara wa kowa gaskiya ba.

Suka ta biyu ta fi nauyi: bangon bai kawo ƙarshen daba ba. Hasali ma kashe-kashen 'yan daba a Los Anjeles ƙaruwa suka yi a shekarun 1980 zuwa farkon 1990, da shigowar hodar iblis mai araha da rufe masana'antu. Haka ne. Amma wa ya ce aikin malama guda ne ta tsayar da wannan? Matasa 400 a birnin miliyoyin mutane ba su da yawa. Ma'aunin adalci shi ne a tambaya me waɗannan 400 suka samu. Sun sami aikin da ake zuwa da safe a kan lokaci, a tashi da yamma a gajiye, a karɓi lada. Sun sami babba da ya san sunansu ba don sun yi laifi ba. Sun koyi sana'ar hannu da lissafi da tarihi. Kuma sun bar abin da za su kawo 'ya'yansu su nuna musu. Gwamnatoci suna kashe kuɗi masu yawa wajen tsare yaro guda a gidan gyaran hali, ya fito bai iya komai ba sai abin da ya koya wurin waɗanda suka fi shi taurin kai. In an ajiye wannan kusa da kuɗin fenti da albashin bazara, ban ga yadda za a ce fentin ne almubazzaranci ba.

Maganar biya ɗin nan ina ƙara jaddada ta, don ita ake fara yankewa in an zo kwaikwayo. Yaron talaka ba shi da sararin aikin sa kai. In ba a biya shi ba, to 'ya'yan masu hali ne kaɗai za su zo, aikin kuma ya tashi daga abin da aka nufa.

Kasancewarta mace ma ba ƙaramin abu ba ne a wannan fage. Zanen bango na zamani a Meziko ya bunƙasa, bayan juyin juya halin ƙasar, kuma sunaye uku ake kira: Diego Rivera, José Clemente Orozco da Siqueiros, duka maza. A 1945 aka ba María Izquierdo aikin zanen bango a ginin gwamnatin birnin Meziko, Rivera da Siqueiros suka sa baki cewa ba ta da ƙwarewar yi, aka ƙwace aikin. Baca ta gaji dabarun waɗannan mazaje, amma ta sauya abu guda mai muhimmanci. A wajensu gwani ne ke sama, mataimaka suna cika masa launi. A wajenta tarbiyyar mataimakan tana cikin abin da ake ginawa, daidai da zanen kansa. Na san akwai masu ganin hakan yana rage darajar mai zane, wai ta zama ma'aikaciyar jin daɗin jama'a. Duniyar masu zane ta daɗe tana ɗaukar koyarwa a matsayin abin da mutum ke yi don ya ci abinci kafin ya yi suna. Mu ma muna da misali a gida. Clara Ugbodaga-Ngu, wadda aka haifa a Kano, ta koyar da zane a kwalejin Zariya da ta zama Jami'ar Ahmadu Bello a 1962, a zamanin da su Uche Okeke da Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo suke ɗalibai a can. Sunayensu sun zagaya duniya, nata kuwa sai mai bincike. Baca ta yi shekaru da dama tana koyarwa a jami'ar Kalifoniya, da farko a Irvine, daga baya a Los Anjeles, kuma ba ta taɓa raba malanta da zane ba. Wannan ne ya sa nake ganin ta cancanci a san ta.

Na san tun farkon rubutun nan zuciyar wasu masu karatu tana kan hukuncin zana mai rai. Wannan fagen malamai ne, kuma ba na neman kowa ya taka abin da ya yi imani da shi. Abin da nake yabawa a aikin Baca bai rataya a kan fuskoki ba. Maginanmu sun daɗe suna sa bango ya yi magana ba tare da siffar mutum ba: dagi da sauran zayyanar da ke fuskar tsofaffin gidaje a Kano da Zariya da Damagaram shaida ne, kuma sana'a ce da ake koya daga hannu zuwa hannu, wadda ke neman magada. Abin ɗauka shi ne tsarin: a tara yaran da ake tsoro, daga unguwannin da ba sa ga maciji da juna, a haɗa su da gwani da masanin tarihi, a biya su, a bar su su yi abin da zai daɗe a inda kowa ke wucewa. Abin da nake jin tsoro shi ne a ɗauki fentin a bar tsarin, a ba ɗan kwangila bango ya cika shi cikin mako guda kafin zuwan babban baƙo. Wannan kam asarar kuɗi ce, kuma mai tambayar farko yana da gaskiya a kansa.

Los Anjeles ɗin ma ba ta riƙe amanar bangayenta yadda ya kamata ba, kuma wannan ne ɓangaren labarin da ke ɓata mini rai. Tun a 1932 Siqueiros ya yi wani zane a titin Olvera, América Tropical, mai nuna ɗan asalin ƙasa a gicciye ƙarƙashin mikiyar Amurka; cikin 'yan shekaru aka shafe shi da farar ƙasa, sai a 2012 aka sake buɗe shi ga jama'a bayan doguwar ceto. Daga 2002 zuwa 2013 birnin ya hana sabon zanen bango a gine-ginen mutane, saboda shari'ar da ya shiga da kamfanonin allunan talla, aka rasa yadda doka za ta bambanta zane da talla, sai aka haɗa su aka hana. Shekara goma sha ɗaya ke nan a garin da ke alfahari da zanen bango. Ita kanta Baca, zanen da ta yi a gefen babban titi don wasannin Olamfik na 1984, na girmama mata masu gudun fanfalaki a shekarar da aka fara ba su damar yin sa a gasar, masu goge rubuce-rubucen bango sun bi shi da fenti a 2019, sai da aka yi ta ƙorafi kafin a dawo da shi. Babban Bangon ma rana da hayaƙi da ruwa sun ci shi shekara da shekaru, ya kode, yana ɓarewa, kafin a kammala gyaransa a 2011. Hukuma tana son ranar buɗewa, ba ta son kuɗin kulawa. Duk gwamnatin da za ta sa a yi zane ba ta ware abin gyara shi ba, ta yaudari yaran da suka yi shi, don ta ce musu aikinsu zai daɗe alhali ba ta shirya hakan ba.

Girmamawa ta zo daga baya. A 2017 aka sa bangon cikin rajistar wuraren tarihi ta ƙasar Amurka. A 2021 gidauniyar Mellon ta ba da dala miliyan 5 don a ci gaba da shi, da burin ya kai mil guda kafin Olamfik na 2028 da za a yi a birnin. A Maris 2023 Shugaba Joe Biden ya rataya mata lambar yabo ta ƙasa a fannin fasaha. A wannan shekarar kuma ita da ma'aikatanta suka fara zana sabbin sassa a cikin babban gidan adana zane na gundumar Los Anjeles, a gaban masu kallo, a kan shimfiɗun da za a kai a manna a magudanar daga baya. Na yi murna da wannan, don mace mai shekaru kusan 80 ba za ta koma cikin rami da rana ba, kuma gidajen da danginta ba su taɓa shiga ba yau su ke neman ta. Amma ina da damuwa guda. Ƙarfin sassan farko ya fito ne daga yaran da kotu ta turo, waɗanda ba wanda ya zaci za su iya. In sabbin sassan suka zama aikin ƙwararru da ɗaliban jami'a kaɗai, za a sami zane mai kyau, wataƙila ma ya fi na da, amma makarantar ta rufe. Ina fata kaso mai kyau na wannan kuɗi zai tafi ga albashin irin waɗancan yara.

Aikin da ke gaba ma ya fi wuya. Sassan da suka gabata sun tsaya a shekarun 1950, yawancin waɗanda suka yi abin da aka zana sun riga mu gidan gaskiya. Daga 1960 zuwa yau kuwa akwai tarzomar Watts ta 1965, unguwar da Baca ta fara tasowa, akwai ta 1992 bayan kotu ta wanke 'yan sandan da suka doki wani baƙar fata mai suna Rodney King, inda baƙaƙen fata da 'yan asalin Koriya da 'yan asalin Latin Amurka kowa ke da nasa labarin da nasa rashin. Waɗanda aka ƙona wa shaguna suna raye, waɗanda suka yi jifa suna raye, 'yan sandan ma da yawansu suna raye. Duk abin da aka zaɓa aka zana daga waɗannan shekaru, za a sami wanda zai tsaya a bakin magudanar ya ce ba haka aka yi ba, yana nan aka yi. Ya kamata a kira irin waɗannan mutane tun a zaman shawara, kafin a ja layi na farko, a kuma zaunar da jikokinsu a matakala ɗaya.